Ranar da na karɓi kambun da ba nawa ba

Wato har yau in na tuna daren nan sai in ji ƙeyata tana zafi. Waɗanda suka kalla kai tsaye a talabijin kun riga kun gani, amma ku bari ni ma in faɗi nawa tunda kowa ya ba da labarin har da waɗanda suka yi barci tun kafin a fara.

Kun dai san Yaya yana cikin masu haɗa fitilu a bikin karrama 'yan fim da talabijin na ƙasa da ake yi duk shekara, to shi ya samo min shiga, a matsayin ɗan cike kujera. Aikin kawai in wani babba ya tashi ya fita sai ka lallaɓa ka zauna a gurinsa don kada kyamara ta hasko giɓi, in ya dawo ka ba shi abinsa. Na ari kwat ɗin Yaya wadda ta matse ni a hammata, na ɗau hoto na ɗora a WhatsApp na rubuta wai "an gayyace mu". Wannan rubutun ya fi komai ci min rai yanzu.

Wata mata mai abin magana maƙale a kunne ta jera mu a bayan labule ta karanto dokoki, ba waya, ba yi wa taurari magana, katin wuya a cusa shi cikin riga, kuma ba a motsi sai an tafi talla. Ta ce ku ɗauka ku kujeru ne masu numfashi. Muka ce to.

Sai wajen awa biyu da farawa aka tafi talla ta nuna min layi na uku ta ce maza. Na je na zauna kusa da wata Hajiya, tsohuwar jaruma, kun san ta, wadda kullum take fitowa a uwar miji. Ta kalle ni sama da ƙasa ta yi murmushi, ni kuma na ƙame kamar an dasa ni saboda doka ta hana magana.

Ana dawowa daga talla aka ce yanzu rukunin gwarzon mai haɗa sauti. Jama'a ku faɗa min tsakani da Allah, wa ya san fuskar mai haɗa sauti? Mutum ne da yake kwana a ɗaki shi da kwamfuta yana goge kukan janareto daga bayan maganar jarumi. Su kuma masu kyamara ashe da lambar kujera suke aiki, takarda ce a hannunsu. Ana karanto sunaye biyar ɗin nan sai ga wani ya zo ya durƙusa a gabana ya saita min kyamara, na ɗaga kai sai ga fuskata a ƙaton allo, hancina kaɗai ya kai girman ƙofa, a ƙasa an rubuta sunan wani bawan Allah. Na ce a raina ya Allah mutum biyar ne, ka ba ɗaya daga cikin huɗun can. Aka farke ambulan. Sunan da ke ƙasan haɓata aka kira.

Guri ya kaure da tafi. Ban motsa ba wallahi, Allah ne shaidata, ina zaune ina kallon gabana. Sai Hajiya ta sa gwiwar hannu ta zungure ni a haƙarƙari ta ce "Tashi mana ɗana, kunyar me kake ji?" Na ce Hajiya ai ni, ta ce "Kai tashi, Allah ya yi maka albarka!" ta kama hannun kwat ɗin ta ɗaga ni, na baya suna bubbuga kafaɗata, wani har da rungumata yana cewa ya daɗe yana bibiyar aikina. Aikin wa? Kafin in ankara ƙafafuna sun kai ni matakala, ina hango matar nan mai abin kunne a gefen dandamali tana yi min alama da hannu biyu kamar mai korar kaji, ni kuma na ɗauka cewa take in yi sauri.

Aka miƙo min kambun, abin da nauyi ashe, na riƙe shi da hannu biyu kamar jinjiri. Fitilar da Yaya ya ɗaura da hannunsa tana dukan idona, ba na ganin kowa sai duhu. Guri ya yi tsit. Na matsa kusa da makirufo, bakina ya bushe, na yi gyaran murya wadda duk ƙasar ta ji, na sake yin wata, sannan na ce, "Ya shiga banɗaki."

Shi ke nan jawabina. Da farko shiru, sai wani can baya ya fashe, sai gaba ɗaya zauren ya ɗauka, mai gabatarwa ya juya baya kafaɗunsa suna rawa. Ina tsaye ban san ko in ajiye kambun a ƙasa ba ko in sauka da shi, sai ga mai abin ya shigo a guje yana goge jiƙaƙƙen hannunsa a wando. Ya hau ya karɓa, ya buɗe baki zai gode wa mahaifiyarsa kenan aka saki kiɗa, don daƙiƙa 45 ake ba kowa irin na Oscar, bikin karrama 'yan fim na Amurka, kuma na riga na cinye masa su da gyaran murya. Kallon da ya yi min har yanzu ina ganinsa.

Amma ni duk wannan bai ƙona min rai kamar Hajiya ba. Ina saukowa na ji ta da kunnena tana faɗa wa ta kusa da ita wai "Ai ni tun zamansa na san ba shi ba ne, dubi takalminsa." To Hajiya in kin sani me ya sa kika ɗaga ni? Wa ya sa min albarka a gaban mutane? Kuma me takalmina ya yi? Shekara da shekaru ina kare matar nan in ana cewa muguntar da take yi a fim halinta ne, ina cewa aiki ne kawai, yanzu na janye, duk wanda muka taɓa musu da shi a kan wannan ya yafe min.

A hanya Yaya yana dariya yana lallashina wai ko a Amurka an yi, a Oscar ta 2017 aka miƙa wa jarumi Warren Beatty, mai gabatar da kambun gwarzon fim, ambulan ɗin da ba ita ba, mutane suka hau suka yi ta godiya sama da minti biyu kafin a ce ba su suka ci ba. Na ce Yaya su ai sun zaci sun ci ne, ni fa na san ban ci ba kuma na hau.

Kwat ɗin dai ta yage a hammata inda Hajiya ta ja, ya ce in ɗinke masa kafin sati. Katin wuyan ma yana gurina, ban san wa zan mayar wa ba.