Baƙin gilashi a kasuwar Maigatari

Mai ciwon suga ba ya rasa sabuwar doka. An hana ni shayi mai kauri, an rage min malmalar tuwo, sai kuma aka ce wai duk shekara sai likita ya leƙa can bayan idona, ko da ina gani garau. Na ce to, Alhamis ai kasuwar Maigatari ke ci, ga kuɗin riɗina da zan karɓa, sai in biya asibiti a Gumel da sassafe in wuce. Ɗan ƙanwata ne ya goya ni a babur ɗina, don tun ranar da aka ba ni kati aka ja min kunne kada in tuƙo kaina.

Ma'aikaciyar ta ce, "Baba, ɗaga kai, kalli sama." Ta ɗiga min magani a kowane ido, ya yi raɗaɗi, hawaye ya zubo a gaban yara ƙanana da ke layi. Ta ce sunansa tirofikamaid, in zauna minti 20 zuwa 30 ya kama.

Likitan kuwa mai son bayani ne, ni ma mai son tambaya. Ya ce ɗan baƙin ramin nan na tsakiyar ido ta nan haske ke shiga. Cikin rana yana tsukewa ya dawo milimita 2 zuwa 4, cikin duhu ya buɗe har wajen 8. Shi kuma da ya haska fitilarsa sai ramin ya tsuke, ya hana shi ganin ciki, shi ya sa ake ɗiga maganin ya riƙe shi a buɗe. Abin da yake nema ƙananan jijiyoyin jini ne na bayan ido, waɗanda suga ke lalatawa a ɓoye, ba zafi ba ƙaiƙayi, sai dai mutum ya wayi gari gani yana ja baya. Ya dalle ni da fitila, dama, hagu, sama, ƙasa, ya ce nawa lafiya lau. Sannan ya ƙara da cewa na awa 4 zuwa 6 haske zai dame ni, abu na kusa zai yi dishi-dishi, wani ma har washegari. Idan kuwa ido ya ɗau ciwo mai tsanani da ciwon kai da tashin zuciya, in dawo nan take. Na ce, "Likita, mutumin da ya yi noma cikin ranar Jigawa ne za a tsorata da haske?"

Ina sa ƙafa waje rana ta kwaɗa min mari. Bazara ce, yashi fari fat, kowane kwanon rufi yana harbina. Na jawo hula na rufe fuska, na kama kafaɗar yaron nan, har wata tsohuwa ta yi min addu'ar samun sauƙi ta miƙo min naira 50.

A tasha muka sami mai tallar tabarau. Na ce ya ba ni baƙin da ya fi kowanne duhu. Na shafa na ji yana da ɗan gwaɓi-gwaɓi a gefe, na ɗauka alamar ƙwari ce. Na tambayi yaron, "Ya yi?" Ya ce, "Kawu, wallahi kamar don kai aka yi." Ya kamata in lura muryarsa na rawa.

A Maigatari duk inda na gifta sai a yi shiru. 'Yan awaki suka bar ciniki, wani Buzu mai raƙumi ya bi ni da kallo har na ɓace. Ni kuwa na ƙara dafe tafiya, ina jin yau na fito a babban mutum. Da dillalina ya gama dariyarsa ya miƙo kuɗi, na kawo su kusa da hanci, ba na bambance lamba, na miƙa hannu nesa, su ɗan fito, in dawo da su, su narke. Dole yaron ya ƙirga. Har yau ina da shakku a kan dubu biyu.

Muna zaune wajen mai tsire waya ta yi ƙara. Na duba, rubutu ya zama kunu. Na ɗauka dillalin zoɓo ne, na ce, "Karanta min, da ƙarfi, hayaniya ta yi yawa." Yaro mai biyayya, ya gyara murya ya karanta wa rabin rumfar: "Barka da rana, sanyin idaniyata. Ka ce za ka zo zance jiya, na dafa zabo har ya huce." Wata bazawara ce a ƙauyen gaba da mu, maganar da ko aminina bai sani ba, balle uwargida, wadda ita da uwar yaron nan ba a jin kansu. Mai tsire ya ce, "Alhaji, a ƙara yaji?"

Mun isa gida kafin la'asar. Uwargida ta dube ni ta ce, "Malam, gilashin wace amarya ka aro?" Ashe ruwan hoda ne, da duwatsu masu ƙyalli jere a gefe har da ɗan fure. Na cire da sauri, ta leƙa idona ta yi salati. Wai baƙin ya cinye idon duka, irin na kyanwa da dare. Kafin in ce likita, gwaggona ta yanke hukunci cewa na taka iska a kasuwa, aka kawo kasko da garwashi, aka zuba habbatus sauda, aka lulluɓe ni da bargo. Idon da ke gudun haske sai ga shi yana shan hayaƙi. Wajen isha'i maganin ya sake ni don kansa, gwaggo ta ce ai ta san turarenta ba ya ƙarya.

Da asuba ina fitowa masallaci na tarar da ɗan ƙanwata ya jingina da babur ɗina. Ya durƙusa ya gaishe ni da ladabi, sannan ya ce, "Kawu, ni fa bakina da nauyi. Sai dai ina son aron babur zuwa Hadeja, kuma ka san mai ya yi tsada."