Anthony Joshua: hatsarin yana zuwa ne bayan ya girgiza abokin karawa

An daɗe ana cewa haɓar Anthony Joshua, ɗan damben zamani na Birtaniya, ba ta jure naushi. Ban yarda da wannan hukunci ba. Mutumin da Wladimir Klitschko ya shimfiɗe a turmi na 6 a filin Wembley a 2017, gaban 'yan kallo dubu 90, ya miƙe, ya kuma gama da shi a turmi na 11, ba za a kira shi rago ba. Matsalarsa tana wani wuri daban, kuma ta maimaita kanta har sau uku.

A daren Klitschko, Joshua ne ya fara kai shi ƙasa a turmi na 5. Sai ya bi shi da ruwan naushi don ya ƙarasa aiki, kafin a kaɗa ƙararrawa numfashinsa ya ƙare. Jiki mai tsawon kusan mita 2 da nauyin da ya haura kilo 110 yana shan iska kamar injin tirela, hutun minti ɗaya tsakanin turmi da turmi kuwa ba ya biyan wannan bashin. Shi ya sa ya sha ƙasa a turmin da ya biyo.

A watan Yunin 2019 a New York, haka ta sake faruwa da Andy Ruiz. Joshua ya kayar da shi a turmi na 3, ya matso kusa don ya kammala, alhali kusa ɗin nan ne gonar Ruiz, gajere mai saurin hannu. Naushin hagu ta gefe ya sami Joshua kusa da kunne, inda ake rasa daidaiton tsayuwa, ƙafafunsa ba su ƙara zama nasa ba. Sau huɗu ya faɗi kafin alƙali ya tsayar da wasan a turmi na 7, kambunansa suka tafi.

Abin takaicin shi ne ya san maganin. A karawa ta biyu a Diriyah ta Saudiyya cikin Disambar shekarar, ya rage kusan kilo 5, ya tsaya daga nesa yana zungurar Ruiz da hagu yana zagayawa, in an matso ya rungume. Turmi 12 babu armashi, amma ya karɓo kayansa.

Sai ga Daniel Dubois a Satumbar 2024. Tun turmin farko Dubois ya sami Joshua hannuwa a ƙasa, ya kayar da shi. A turmi na 5 Joshua ya girgiza shi da dama, ya zabura ya ɗauko naushi daga ƙasa yana nesa, wanda ke barin haɓa a fili. Dubois ya riga shi da gajeriyar dama. 'Yan damben gargajiya ma sun san wanda ya sauke garkuwa don ɗokin kisa shi ake kashewa.

Ina ganin tushen abin shi ne makara. Yana da shekara 18 ya fara dambe, shekara biyar bayan nan ya ci zinare a gasar Olympics ta Landan a 2012, ya ɗauki kambun duniya na hukumar dambe ta IBF a wasansa na 16 kacal a damben ƙwararru. Abin da ake koya tun ƙuruciya, wato haƙurin bin wanda ya jigata da taku ɗaya-ɗaya, bai samu lokacin da zai zauna masa a jiki ba. Oleksandr Usyk, wanda ya doke shi a 2021 da 2022, ya yi ɗaruruwan wasanni kafin ya shiga damben ƙwararru.

Sauya masu horarwa ma bai taimaka ba: daga Rob McCracken zuwa Robert Garcia, Derrick James, sannan Ben Davison, duk cikin shekara uku, kowa da irin tsayuwar da yake so ya koya masa.