Masu tallar riƙe numfashi a ruwa suna wasa da ran yaranmu

Bidiyoyin nan da suka cika TikTok, na masu nutsewa ƙasan ruwa su zauna shiru wai a nan ake wanke ruhi da samun kwanciyar hankali, sun fara shiga kan samarin Kaduna. Leƙa wurin ninkaya na otal ranar Lahadi: ga yaro a bakin ruwa yana jan numfashi da sauri-sauri, abokinsa riƙe da waya yana jiran ya ƙirga masa daƙiƙa.

Wannan jan numfashin shi ne haɗarin. Taruwar iskar kabon dayoksaid a jini ce ke tilasta wa mutum ya ɗago ya shaƙi iska. Wanda ya fitar da ita da gangan kafin ya nutse, ya kashe ƙararrawar da Allah ya sa masa a jiki. Oksijin na ƙarewa, shi kuwa yana jin wani sakayau, har ya shiɗe ko hannu bai ɗaga ba. Sakayau ɗin da suke kira buɗin ruhi, ƙwaƙwalwa ce ta rasa iska, kuma minti 4 zuwa 6 sun isa ta fara lalacewa.

Masu tallar za su ce ai bugun zuciya na raguwa idan fuska ta shiga ruwa. Kwanon ruwan sanyi ma yana yin haka. Su kawo maka Budimir Šobat ɗan Kuroshiya da ya yi minti 24 da daƙiƙa 37 a 2021, su ɓoye cewa zallar oksijin ya shaƙa tukuna, ga masu ceto a gefensa. Ko Wim Hof, ɗan Holan mai koyar da salon numfashi, wanda da yawansu ke kwaikwayo, ya yi gargaɗin kada a yi salon numfashinsa cikin ruwa.

Abin da ya fi ƙona min rai shi ne sa wa wannan ganganci rigar ibada. Wane malami ne ya karantar da haka? Aya ta 195 a Suratul Baƙara ta hana mu jefa kanmu cikin halaka, kuma mai neman natsuwa bai rasa zikiri da sallar dare ba. Masunta da suka gaji nutso kaka da kakanni, abinci suke nema, ba su taɓa ce mana waliyyai suka zama ba.

Masu otal su hana wannan gasa a wurarensu, limamai su taɓo ta a huɗuba. Iyayen Kabala da Unguwar Rimi kuwa su sa ido, domin yaron da ba shi da kuɗin shiga otal, Kogin Kaduna zai nufa.