Kafin a sa hannu, a fara auna ruwan rijiya

Duk garin da kamfani ya shigo da maganar haƙar ma'adinai, tambayar farko ita ce: mutum nawa za a ɗauka aiki? Tambaya ce mai kyau. Kowa ya ga yadda simintin Ashaka ya raya Bajoga, kuma kwal ɗin Maiganga da ke Akko na cikin abin da ke hura wutar masana'antar. Sai dai aikin da ke samun ɗan ƙauye galibi leburanci ne da gadi a hannun ɗan kwangila, yau akwai gobe babu. Ruwan da ya gurɓace kuwa, jikoki ma za su tarar da shi.

Idan aka tone kwal a fili, sinadarin sulfa da ke jikin dutsen yakan haɗu da iska da ruwan sama ya zama asid. Asid ɗin ya narkar da ƙarfe, ya bi rafi, ya shiga cikin rijiyoyi marasa zurfi. Ruwan sai ya yi ja-ja, ya riƙa ɗanɗanon tsatsa. Ma'aunin pH, wato awon tsamin ruwa, na ruwan sha ya kamata ya tsaya tsakanin 6.5 da 8.5.

Don haka kafin katafila ta sauka, a ɗebi ruwan kowace rijiya da burtsatse, sau ɗaya da rani, sau ɗaya da damina, a kwalba mai tsabta da aka rubuta wa sunan unguwa da kwanan wata. A kai ɗakin gwajin da ba na kamfanin ba, dagaci ya adana takardar sakamako. In babu wannan takarda, ranar da yara suka fara ciwon ciki za a ce dama haka ruwan yake, kuma kotu hujja take nema.

Dokar ma'adinai ta 2007 ta wajabta yarjejeniya tsakanin kamfani da al'ummar wurin, a kuma sake duba ta duk shekara biyar. Bai kamata ta ƙare a ajujuwa biyu da buhunan shinkafa ba. A rubuta adadin matasan da za a koya wa walda da tuƙin manyan motoci. A rubuta cewa tipa ba za ta ratsa gari ba tamfol ba, kuma tanka zai riƙa yayyafa wa hanya ruwa, musamman da hunturu lokacin da ƙura ke tayar wa masu asma. A fayyace wanda zai cike ramin bayan an gama.

Rahoton tasirin muhalli, wato bayanin illar da aikin zai iya yi wa ƙasa da ruwa da iska, ana baje shi kwanakin aiki 21 don jin ƙorafi, da Turanci, shafuka ɗaruruwa. Mutanen Alkaleri da Pindiga da ke maƙwabtaka da rijiyoyin man fetur na Kolmani su nemi a karanta musu shi da Hausa a ƙofar fada, tun kwanakin ba su ƙare ba.