Kamfani ɗaya ne mai inshora, shi ne kuma mai asibiti?

Na karanta wani labari kan yadda hukumomin Amurka ke sa wa UnitedHealth, wani babban kamfanin inshorar lafiya na can, ido. Abin da marubucin bai jaddada ba shi ne kamfanin ba inshora kaɗai yake sayarwa ba. Ta hannun reshensa Optum yana da likitoci da harkar magunguna, sannan a 2022 ya sayi Change Healthcare, wanda ke sarrafa takardun neman biyan kuɗin asibitoci. Ma'aikatar Shari'a ta kai ƙara don a hana cinikin, kotu ba ta ba ta gaskiya ba. Sai ga shi a Fabrairun 2024 masu kutse sun shiga kwamfutocin Change, asibitoci da shagunan magani suka yi makonni kuɗinsu bai fito ba. Tulu ɗaya ya fashe, gari duk ya kwana da ƙishi.

Mu nan Kebbi ba mu kai can ba, amma kada mu yi barci. Dokar NHIA (hukumar inshorar lafiya ta ƙasa) ta 2022 ta wajabta inshorar lafiya, ga KECHEMA, hukumar kula da tsarin a jiha. To wa ke bin sawun kamfanonin HMO, masu shiga tsakanin mai inshora da asibiti wajen biyan kuɗi? Ka je wani asibiti a Birnin Kebbi, ka ga dattijo riƙe da katinsa tun hantsi, ana cewa a jira lambar amincewa kafin a yi masa hoto, la'asar ta yi a ce ya sayi maganin a waje. Ma'aikaci ba shi da sauƙin sauya kamfani, ina gasar take?

Hukuma ta riƙa wallafa sunayen waɗanda ke riƙe kuɗin asibitoci, da tarar da aka ci kowannensu.