Kujerar da mutum ke rasawa ranar da ya musulunta

Mun sha kallon fina-finan Indiya, amma akwai abin da ba a cika nuna mana ba. Ƙauyukansu suna da majalisun da ake kira panchayat. Gyaran tsarin mulki na 73, wanda ya fara aiki a 1993, ya ce a ware wa 'yan Dalit kujeru a cikinsu gwargwadon yawansu, har da kujerar shugaba. Dalit su ne waɗanda tun kaka da kakanni ake ƙyamar taɓa su, aka bar musu shara da jima da kwasar bahaya. A ƙidayar 2011, waɗanda gwamnati ta amince da su a wannan rukuni sun kai kashi 16.6 cikin ɗari na al'ummar ƙasar.

Kujerun nan da jini aka zauna a kansu. A 1997, a ƙauyen Melavalavu na jihar Tamil Nadu, an kashe Murugesan, ɗan Dalit da ya ci shugabancin panchayat, tare da wasu mutanensa, don kawai ya ci.

Abin da ya tsaya mini a rai shi ne wa doka ta yarda Dalit ne. Umarnin shugaban ƙasa na 1950 ya ce sai mai bin addinin Hindu. A 1956 aka shigar da mabiya Sikh, a 1990 mabiya Buddha. Musulmi da Kirista har yau suna waje. Wato mutum ya yi kalmar shahada yau, gobe ba shi da damar neman kujerar da aka ware wa danginsa.

Hujjar gwamnati ita ce Musulunci da Kiristanci ba su san wannan rabe-raben asali ba. Haka ne a littafi. To addinin Buddha fa, ya sani ne? Ai gudun wannan wulaƙancin ne ya sa Ambedkar, jagoran rubuta tsarin mulkin, ya koma addinin Buddha a 1956. Kuma maƙwabcin da ke ƙyamar shan ruwa a mazubinka ba zai daina ba don ka canza suna. Mu ma nan mun san yadda ake tono sana'ar kakan mutum idan ya je neman aure, alhali sahu ɗaya ake bi a masallaci.

Wani abin mamaki, ƙabilun da su ma aka ware wa kujeru ba a gindaya musu sharaɗin addini ba. Mutanen tsibiran Lakshadweep kusan duk Musulmi ne, kuma suna cikin jerin.

Hukumar da gwamnati ta kafa a ƙarƙashin tsohon alƙalin alƙalai Ranganath Misra ta ba da shawara tun 2007 a cire sharaɗin addinin, ba a cire ba. A 2022 aka sake kafa wata a ƙarƙashin tsohon alƙalin alƙalai K.G. Balakrishnan, ta binciki maganar da waccan ta riga ta bincika. Ni dai ina tare da Misra.