Surin Jangare

*Teburin mai shayi a wani ƙauye kusa da Ringim, bayan sallar isha'i. Rabon garin da wutar lantarki tun kafin girbin gero. Fitilar mai shayi sai lumshe ido take yi.*

Jauro: Aradu Kaɗo kuna shan wahala. Inda na kwana ran Alhamis, dare da rana duk ɗaya ne.

Mai shayi: Abuja ka je?

Jauro: Jangare.

Mai shayi: A'uzu billahi! Birnin aljanu? Matsa can ƙarshen benci, kada ka shafa wa madarata.

Jauro: Daga kasuwar Maigatari nake dawowa, karsanata ta ɓalle. Na bi sawu, sawu ya shiga kogon kuka, ni ma na sunkuya na shiga. Ina ɗaga kai sai ga gari tangararan, ba fitila ko ɗaya, amma ko allura ka yar za ka tsinta.

Alhaji Na-Kwari: Janareta ne ko sola?

Jauro: Gara ce, Alhaji.

Alhaji: Gara? Wadda ta cinye mini dila biyu na atamfa a sito?

Jauro: Waccan garar Kano ce, ta koyi halin masu gari. Ta Jangare ma'aikaciya ce. Suri take ginawa, kowanne ya fi hasumiyar masallacin Juma'a tsawo. Ba da yawu take kwaɓa ƙasa ba, da raɓar asuba, zago kuma yana hawa sama ya karto farin wata a barbaɗa a ciki. Shi ya sa kuke ganin wata yana raguwa.

Mai shayi: To da ya ƙare fa?

Jauro: Sai su huta, ya sake tohowa. Gindin surin kore shar, tsakiya shuɗi kamar an tsamo daga marinar Ƙofar Mata, ƙoli fari fat. Rina kuma ta liƙa gidajenta a kan kowace kwana, ja kamar garwashi. Gizo-gizo ne mai jan waya daga suri zuwa suri.

Alhaji: *(ya gyara zama)* Kuɗin wata nawa ake biya?

Jauro: Tsohon zana ɗaya. Shi gara ke ci.

Alhaji: Ina da danga guda a bayan gida! Jauro, ɗan'uwana, kai mai shayi ƙara masa ƙwai biyu. Suri ɗaya zai yi cajin waya nawa?

Malam Ticha: Alhaji, kafin ka soya masa kaza, bari in sa baki. Karsana da kogon kuka dai, wannan tsakaninsa da Allah. Amma suri mai haske akwai shi a duniya.

Jauro: Kun ji ko!

Malam: A ƙasar Burazil, a gandun dajin Emas da aka kafa a 1961. In damina ta faɗi a can, wajen watan Oktoba, suri kan yi ɗigo-ɗigon koren haske da dare, kamar an watsa masa taurari.

Jauro: Su ma karsana suka bi?

Malam: Mota suke shiga. Kuma ba gara ce ke haskawa ba. Tsutsar wani ƙwaro ce, tana fafe ƙananan ramuka a jikin surin, ta leƙo da kai tana ƙyalli irin na maƙesun da yara ke bi a fadama. Shinge ya taso bayan ruwa, ya ga haske, ya nufo, ta cafke ta cinye.

Mai shayi: Wato gara ta yi gini, baƙo ya tare a ciki, ya kunna fitila, yana cin 'ya'yan masu gida.

Jauro: Aradu wannan tsutsa Bakanuwa ce.

Alhaji: Zan rama, bari a gama ciniki. Malam, cajin fa?

Malam: Babu. Haske ne mai sanyi, daga sinadarin jikinta yake fitowa. Ba ya ƙuna, ba ya ja.

Mai shayi: Ba zai tafasa buta ba ke nan. Na fita.

Malam: Kuma na ɗan lokaci ne, damina na yin nisa sai ya ɗauke.

Alhaji: Ashe har Burazil ana ɗaukewa! To ni na Jangare nake so, mai raɓa da farin wata. Jauro, ka taho da samfur?

Jauro: Yana cikin jaka. Amma gani sai da kafin alƙalami.

*Alhaji ya juya baya, ya ƙirga dubu biyu sau uku, ya miƙa. Mai shayi ya kashe fitila. Jauro ya kwance tsumma, ya ajiye abu a tebur. Shiru. Duhu ƙirin.*

Alhaji: Ina hasken?

Mai shayi: *(ya shafa)* Wannan ai hoge ne, irin na gonar bayan makaranta.

Jauro: Har bakin kogo yana ci bal-bal, aradu. Muna fitowa ya tambaye ni ina ne nan, na ce Najeriya. Shi ke nan.

Alhaji: Ba ni kuɗina!

Jauro: Ka yi haƙuri Alhaji, ka ajiye shi a ɗaka. Ran da aka kawo ta gari, shi ma zai kawo.